Jaruntakar Da Ke Cikin Gidajenmu



Tun muna yara, in an ce jarumi, sai mu tuna da fatake, kakanninmu da suka taso daga Kano da Katsina da jakuna, suka yi watanni a hanya da kanwa da tufafi, har Salaga a ƙasar Gwanja, su sayi goro su koma. Sai mu ce ai maza sun ƙare, mu kam ba mu gaji komai ba sai sunan.

Da muka girma muka gane ba haka ba ne. Ranar 18 ga Nuwamba 1969 gwamnatin Kofi Busia ta ba da umarni cewa duk baƙon da ba shi da takardar zama ya bar Ghana cikin kwana 14. Zangunanmu suka girgiza, daga Nima har Kumasi. Wasu da aka haifa a nan suka hau mota zuwa garuruwan da ba su taɓa gani ba. A gidanmu, wata maƙwabciya ta bar wa kakarmu makulli da keken ɗinki. Kakarmu tuwo take sayarwa. Yunwa ta zo, masu saye suka zo, ta ce amana ce. Bayan shekaru ɗan matar ya dawo, ya tarar da keken a lulluɓe cikin zane. Hausawa sun ce ba a san maci tuwo ba sai miya ta ƙare.

To, yau ina tamu? Tana nan, sai dai ba a buga mata ganga. Tana wurin uwar da ke hura wuta kafin asuba, ta dama koko ta soya ƙosai don kuɗin makarantar 'yarta, ko da dangi na cewa a yi mata aure. Tana wurin saurayin da aka miƙa wa kuɗi lokacin zaɓe don ya tada fitina, ya ce a'a. Tana wurin wanda aka tambaya a ofis, "Daga ina kakanka ya zo?" ya amsa ba tsoro ba faɗa, ya tsaya har aka ba shi haƙƙinsa.

Mun ga misali daga manya ma. A 2019 babban limamin ƙasa, Shehu Usman Nuhu Sharubutu, yana da shekara 100, ya ziyarci cocin Christ the King a Accra lokacin Ista don zaman lafiya. Wasu sun yi suka, bai fasa zumunci ba.

Abin tsoronmu ɗaya ne: 'ya'yanmu su fara jin kunyar cewa su 'yan zango ne, su bar Hausa a bakin ƙofa. In mun yi shiru da labarin kakanninsu mata, laifin namu ne. Mu faɗa musu yau da dare.

Allah Ya ba mu ƙarfin zuciya, amin.