Ranar Da Aka Auna Tunanin Kakana

Kakana na wajen uba ya shekara fiye da arba'in yana canjin kuɗi a Magama, bakin iyakar Jibiya da ƙasar Nijar. Bai taɓa shiga ajin boko ba, amma in fatake suka kawo masa jaka ashirin ta sefa, kafin wani ya gama laluben biro shi ya riga ya faɗi nawa ce a naira. Ni yakan kira ni abokinsa, ni kuma in ce da shi tsoho mai ran ƙarfe.

Abin ya soma a hankali. Sai ya ci tuwo, can an jima ya ce an hana shi abinci. Ya ɓoye kuɗi a cikin matashi, ya manta, ya ce jikoki sun sace. Mutanen gida suka ce gigin tsufa ne, wasu maƙwabta kuwa suka ce a nemi mai ruƙiyya. Muna cikin haka, bayan an sake buɗe iyaka a watan Maris na 2024, wata safiya aka duba ɗakinsa ba ya nan. Wanda ya san halin da dajinmu yake ciki ya san abin da ya fara faɗo mana a rai. Sai bayan la'asar wani direban Maraɗi ya kawo shi. Ya ce a kan hanyar Ɗan Isa ya gan shi, ba takalmi, wai za shi karɓo bashi wurin wani abokinsa. Abokin nan kuwa tun ban zo duniya ba ya rasu.

Ranar Talata ni da Baba muka kai shi asibiti a Katsina. Na zaci allura za a yi masa. Ashe jarrabawa ce!

Likitan ya fito da wata takarda, ya ce sunanta MMSE, waɗansu likitocin Amurka ne, su Folstein, suka fito da ita a 1975. Makinta 30 ne, wanda ya samu ƙasa da 24 akan yi zaton akwai matsala. Ya ce, "Baba, wace jiha muke?" Kaka ya ce, "Kaduna." Baba ya sunkuyar da kai, domin tun 1987 aka cire Katsina daga cikin Kaduna. Da aka tambaye shi wace shekara ce, sai ya shiga labarin lokacin da aka bar fam da sule aka koma naira, watau 1973, kamar jiya aka yi.

Sa'an nan likita ya ce ya riƙa ɗebe bakwai bakwai daga ɗari. Kaka ya gyara zama, ya ce, "Likita, naira ko dala?" Muka yi dariya. Kafin mu rufe baki ya zubo su: casa'in da uku, tamanin da shida, saba'in da tara, saba'in da biyu, sittin da biyar. Ni da nake aji biyar sai da na lissafa da yatsu.

Amma da aka zo ƙarshen takardar sai abu ya tsaya. Akwai inda za a karanta umarni a bi, da inda za a rubuta jimla, da inda za a kwaikwayi zane mai kusurwa biyar. Kaka ajami ya sani, alƙalaminsa kuwa na kara ne. Ya riƙe biro kamar an ba shi kunama. Raina ya ɓaci, na ce a zuciyata wannan ai ba tunaninsa ake aunawa ba, rashin bokonsa ake aunawa. Mudun Katsina dabam, tiyar Maraɗi dabam. Duk ɗan Jibiya ya san ba a haɗa su a ciniki ɗaya.

Ashe likitan ya fi ni sanin haka. Ya ajiye takardar, ya ce akwai wata ma mai suna MoCA, wadda Dokta Ziad Nasreddine ya tsara a Kanada domin gano ƙaramin raunin tunani, watau halin da mutum ke yawan mantuwa amma yana iya tafiyar da al'amuransa. Sai dai ita ma tana da zanen agogo da haɗa haruffa da lambobi, ba za ta yi wa Kaka adalci ba. Wadda ta dace da shi ita ce CSI-D, wadda aka yi aiki da ita a binciken da aka soma a 1992 kan tsofaffin Ibadan da baƙar fatar birnin Indiyanafolis na Amurka, inda likitocinmu irin su Farfesa Ogunniyi da Farfesa Baiyewu suka yi aiki.

Tambayoyinta na gida ne. Me ake yi da guduma? Ina kasuwar garinku? Likita ya nuna gwiwar hannunsa ya ce mene ne sunan wannan. Duk Kaka ya amsa. Aka ce ya lissafo dabbobi cikin minti ɗaya, ya faɗi raƙumi, jaki, sa, ya sake cewa raƙumi, ya yi shiru. Mutumin da ya san kowace kasuwar dabbobi daga nan har Maraɗi! Aka ba shi kalmomi uku ya riƙe, kwalekwale, gida, kifi. Da aka waiwaye su bayan ɗan lokaci, ko ɗaya bai tuna ba, har ya rantse ba a faɗa masa kome ba. A madadin zane da biro, sai aka ba shi tsinken ashana huɗu ya jera kamar yadda aka nuna masa, har da inda kan kowane tsinke zai fuskanta. Ya yi biyu daidai, sauran suka rikice.

Rabin gwajin kuma Baba aka yi wa, a keɓe. Yana ɓata hanya? Yana manta inda ya ajiye kaya? Yana iya sa tufafinsa da kansa? Yaushe aka fara lura? Na ga Baba yana share ido da bakin hula.

Likita ya ce maki kaɗai ba ya yanke hukunci, domin kurumta, da baƙin ciki mai tsanani, da ƙarancin sinadarin B12, da ciwon maƙoƙo duk suna iya sa tsoho ya faɗi wannan jarrabawa. Saboda haka aka ɗebi jininsa, aka auna hawan jini. Da sakamako ya fito, ya gaya mana Kaka ya wuce matakin ƙaramin rauni, ciwon mantuwa ne sosai, ciwo ne na ƙwaƙwalwa, ba aljanu ba, ba kuma taurin kai ba. Ba a warkar da shi, amma ana rage wahalarsa. Ya ce a kula da hawan jininsa, a bar yi masa musu, kada a bar shi ya fita shi kaɗai, a komo bayan wata shida a sake aunawa.

Inna ta ɗinka wata 'yar takarda mai lambar wayar Baba a cikin aljihun kowace rigarsa. Ni aka ɗora wa raka shi masallaci in na dawo daga makaranta. Jiya da magariba, muna tafe, ya tsaya ya dube ni, ya ce, "Yaro, ɗan gidan wa ne kai?" Na ce, "Abokinka ne, tsoho." Ya yi murmushi, ya kama hannuna, ya ce to in gaya masa nawa ake canjin jaka yau.