Mayahi a Lokacin Kaka: Kabewa Cikin Rushi

Matafiyin da ya bar Maraɗi da sanyin safiya ya nufi Mayahi yakan bi babbar hanyar Damagaram har Cadawa, daga nan ya karya hagu ya miƙe arewa. Tafiyar duka wajen kilomita 90 ce. In ƙarshen Oktoba ne ko farkon Nuwamba, zai iske an gama yankan hatsi, kara na tsaye a gonaki, amalanken shanu na tafe da dammuna, an ɗora harawa bisa rassan itatuwa don kada bisashe su kai gare ta. Gawo kuwa, wanda ya yi damina tsirara, a lokacin ne yake fitar da ganye, kamar da gangan yake saɓa wa sauran itatuwa.

Garin Mayahi yana zaune ne a bakin Gulbin Kaba. Suna ne kawai ya rage na gulbi, don ruwa ya daɗe da daina gudu a cikinsa. Abin da ke nan kwari ne mai faɗi da yashi, cike da goruba. Daga kabar wannan goruba mata ke saƙa tabarmi da faifai, maza su tufka igiya, kuma kayan da suka fi yawa a bakin kasuwa ke nan. Mayahi gunduma ce a cikin jihar Maraɗi, kuma ƙidayar 2012 ta sami mutanen gundumar sun haura rabin miliyan. Ruwan sama yakan tsaya wajen milimita 400 a shekara, wani lokaci ya gaza. Da wannan ɗan ruwa ake noman hatsi da dawa da wake da riɗi da yakuwa da gujiya, wadda mutanen Kano ke kira gyaɗa.

Ba a lissafa kabewa cikin waɗannan, kuma babu malamin gona da ke zuwa auna ta. Sai mutum ya shiga lungun gari ko ya ratsa ƙauyukan da ke kewaye zai gan ta: ta hau darni, ta bi jinkar rumbu, ta kwanta bayan ɗaki inda ake zubar da toka da ruwan wanke-wanke. Shukar mata ce. A da, mace a ƙasar nan tana da gamanarta, ɗan yankin da maigida ke ba ta a gefen gandu, abin da ta noma a ciki nata ne. Da mutane suka yawaita, gonakin gado suka yi ta rarrabuwa, gamana ce ta fara ɓacewa a wurare da dama na jihar Maraɗi. Abin da bai ƙwace daga hannun mace ba shi ne bayan ɗakinta. Ƙwaya uku ko huɗu da ta tura cikin juji a farkon damina su ne ke ba ta ƴaƴan da za ta yi miya da su, ta sayar da wasu ta sayi gishiri da sabulu, ba tare da ta nemi iznin kowa ba.

Tsoho a Mayahi zai iya rantsuwa cewa tun kaka da kakanni akwai kabewa a ƙasar Hausa, kuma ba a ce ya yi ƙarya ba, don ta daɗe. Amma baƙuwa ce. Asalinta nahiyar Amurka, inda masu tonon kayan tarihi suka sami irin wata danginta a wani kogo a ƙasar Meziko, wanda aka kiyasta ya kai shekara dubu goma. Ba ta ƙetaro teku ba sai bayan 1492, a cikin jiragen Turawa, hanyar da gujiya da tanka da masara da rogo suka biyo. Duma, wanda ake fafe ƙwarya da shi, shi ne ɗan gida. Saboda haka akushin kwaɗon da za a yi bayani a nan, in aka ɗebe ganye da riɗi da ƙwaryar da aka haɗa shi a ciki, kusan duk baƙi ne suka taru.

Yadda aka fi sanin kabewa shi ne a miyar taushe, ko a dafa ta a ruwa a ci da ƙuli-ƙuli. Amma akwai gidajen da, in kaka ta yi, iskar hunturu ta fara kaɗawa da dare, sukan gasa ta kamar yadda ake gasa dankali, su kwaɗa ta da ɗuminta. Wanda ya ci wannan sau ɗaya ba zai ƙara yarda a ba shi dafaffiya ba. Dalili a fili yake: kabewa ruwa ce mafi yawanta, in aka jefa ta cikin tukunya sai ta ƙara sha, zaƙinta ya tsere cikin ruwan dahuwa, in an zo haɗawa ta narke kwaɗon ya koma fate. Wuta kuwa tsotse ruwan take yi, ta bar zaƙin ya taru, gefen da ya taɓa garwashi ya yi ja ya ɗauki ƙamshi.

Aikin yana farawa daga zaɓe. Ana neman wadda ta ƙosa a jikin uwarta, wadda farce ba ya huda bayanta, maratayinta ya bushe, kuma in an ɗaga ta a ji ta fi girmanta nauyi. In an fasa, a ga cikinta ja kamar manja. Mai fari-fari ta miya ce. A yanka ta ɓari-ɓari, kowane kamar faɗin tafin hannu, a kwashe ƴaƴan a shanya, don su ne irin baɗi. Ba a feraye bawon, shi ne ke tsaya wa naman daga ƙuna.

Sai maganar wuta, kuma a nan ne gwanaye ke bambanta. Kara ba ya barin garwashi, da ya ci ya cinye sai toka mai sanyi. Abin da ake so shi ne rushin icce mai ƙarfi, ko na ƙodagon goruba, wanda Gulbin Kaba ba ya rasawa. Bayan an sauke tukunyar tuwo, sai a baje rushin, a jera ɓarin kabewa bayansu a ƙasa, a ja toka mai zafi a rufe gefensu. Ba a tafiya a bar ta. Ana juyawa, ana soka tsinke, in ya shige ba gardama to ta yi. Gwanar mace takan cire ta tun tana da ɗan jiki, saboda zafin da ke cikinta zai ƙarasa aikin kafin a gama kakkaɓe toka.

Kafin nan an riga an dafa ganye. Zogale ne kan gaba in akwai shi. In babu, ganyen wake ɗanye, ko tafasa, ko yaɗiya da yara ke tsinkowa a jeji. Rama ma tana yi, kuma tsaminta yana karya zaƙin kabewa, sai dai a zubar da ruwan farko. A matse ganyen sosai da hannu biyu. A daka ƙuli-ƙuli da tanka da gishiri da ɗan daddawa, amma kada ya yi laushi kamar gari, a bar shi da ɗan tsakuwa don haƙori ya sami abin yi. A yanka albasa sirara, a zafafa man gujiya. Sa'an nan a ɓare kabewar a gutsuttsura ta manya-manya cikin ƙwarya, a zuba ganye, a barbaɗa dakan ƙuli, a kwarara mai, a juya da yatsu a hankali sau biyu ko uku, a tsaya. Mai riɗi ta soya kaɗan ta watsa a kai. Gidan da ke da sabon wake, in aka dafa aka ƙara, kwaɗon ya tashi daga abin taɓa baki ya zama cimar dare. Ba ya jiran baƙon da ya makara; in ya huce, man ya daskare, rabin daɗin ya tafi.

Ma'aikacin gwamnati da aka turo Mayahi daga Yamai ko Maraɗi, malamin lakwal ne ko na likita, sau da yawa yakan shekara bai ɗanɗana wannan ba. In aka kawo masa ya ce, «Inna, a bai wa yara.» Ita kuma ta ce, «To, Malam, Allah ya ba da haƙuri,» ta ɗauke ƙwaryarta. Shi abin da ya sani da suna salati shi ne ganyen latas da tumatir da kifin gwangwani, wanda sai an yo masa saƙo daga birni. Bai san cewa a Faransa da Amurka, in lokacin kakarsu ya zo, gidajen abinci masu tsada suna gasa kabewa a tanda, su haɗa ta da ganye da mai da ƴaƴan itace, su sayar da ita da zafinta a kan kuɗin da zai sayi kabewar ƙauye guda ba.

Raini ne mai tsada. Jan da ke cikin kabewa sinadari ne da jiki ke mayarwa bitamin A, wanda rashinsa ke kawo dundumi, ya kuma raunana yaro har ƙyanda ko zawo su kada shi. Ganyen zogale ma yana da shi. Kuma jiki ba ya ɗaukar wannan sinadari yadda ya kamata sai da maiƙo, ga shi man gujiya da ƙuli-ƙuli suna cikin ƙwaryar tun kafin likita ya faɗa. Jihar Maraɗi ba ta manta da 2005 ba, shekarar da aka kwantar da dubban yara masu tamowa a cibiyoyin ciyarwa. Abincin da aka ceci yawancinsu da shi, wanda ke zuwa cikin ƴar leda, markaɗaɗɗiyar gujiya ce da madara da sukari da mai da bitamin. Kwaɗo ba ya maye gurbin wannan magani ga yaron da ya riga ya faɗi, wannan sai likita. Amma uwar da ke dame wa ɗanta kabewa da ƙuli tun yana kan ƙafafunsa ta rage masa hanyar zuwa can.

Ita kanta gujiyar ta ga zamani. Da ita aka gina arzikin alhazan Maraɗi na farko, kuma don cinikinta gwamnati ta kafa kamfanin SONARA a 1962. Farin 1973 da cutar da ta auka wa shukar a 1975 suka karya wannan ciniki, manoma suka koma ga wake. Abin da ya rage ya dawo hannun mata masu matsar mai, kuma tunkuzarsu ce ake soyawa ta zama ƙulin da ake kwaɗo da shi.

Ga ɗan kasuwa kuwa, kabewa tana da halin da tumatir ba shi da shi: tana jira. Wadda ta ƙosa, ba ta ƙuje ba, in aka ajiye ta a inuwa bisa kara, ba a ƙasa ba, takan yi watanni. Mata kan yanka wata sili-sili su shanya don miyar bazara. Waɗanda suka yi asarar ɗanyen kaya lokacin da Najeriya ta rufe iyakarta daga Agusta 2019 zuwa Disamba 2020, da kuma rufewar 2023, sun san darajar kayan da ba ya ruɓewa cikin kwana uku. Duk da haka da kaka ake zubar da ita. Mai bukatar kuɗin magani ko na lakwal ba ta iya jira, sai ta ɗora uku a kai ta kawo kasuwa a ranar da kowa ya kawo tasa, dillali ya taya da ƴan daloli, ta sallama. Bayan wata uku, a Maraɗi, ɓari ɗaya na wannan kabewa ake yankawa a sayar wa matar ma'aikaci. Ribar tana ga wanda ke da ɗakin ajiya da haƙuri, kuma har yanzu ba mai shukar ba ce.

In magariba ta wuce a Mayahi, hayaƙi yakan kwanta bisa kwarin, ƙurar garken da ke dawowa ta gauraya da shi. A tsakar gida yara sun kewaye murhu suna miƙa tafin hannu ga rushi, ƙaramin cikinsu yana tura ƴaƴan kabewa cikin toka da tsinke don su fashe ya ci. Uwargida ta raba kwaɗon kashi uku, ta aika da na maza zaure, ta rufe na kishiyarta da faifai. Ɓawon da ya ƙone an jefa wa akuya. Irin kuwa yana bisa jinka cikin tsumma, inda kaji ba sa kaiwa, sai ruwan farko ya sauka.