Elvis Presley: Muryar da Finafinai Suka Kusa Binnewa

Mu da muka tashi a zamanin kaset ɗin bidiyo, sai bayan ƙasa ta rufe idon Elvis Presley muka san shi. Wani yayanmu ne ya shigo mana da Jailhouse Rock, fim ɗin 1957 marar kala. Da yake mun saba da finafinan Indiya, inda jarumi kan dakatar da labari ya rera waƙa, ba mu ji baƙunta ba. Abin da ya tafi da hankalinmu shi ne rawarsa: gwiwoyi na kaɗawa, ya ɗage bisa yatsun ƙafa, gashi ya sha mai yana ƙyalli. Washegari duk yaran layinmu sun koma taje gashi sama.

Ɗan talakawa ne, an haife shi a Tupelo ta jihar Mississippi a 1935. A coci ya fara jin daɗin waƙa, a Memphis kuma ya sha kiɗan baƙaƙen fatar Amurka har ya ratsa jininsa. Yana tuƙa motar kamfani ne lokacin da Sam Phillips na Sun Records ya naɗi muryarsa a 1954. Kafin shekara biyu ta cika, sunansa ya game Amurka.

Sai dai burinsa bai tsaya ga waƙa ba. Ya so ya zama ɗan fim na gaske irin James Dean, kuma duk wanda ya kalli fim ɗin Elvis King Creole na 1958 ya san yana da wannan baiwar. Amma da ya dawo daga aikin soja a Jamus a 1960, manajansa Kanar Tom Parker ya ɗora shi a kan finafinai masu kama da juna: bakin teku, 'yan mata, waƙoƙin cike gurbi. Kuɗi na shigowa, daraja na zubewa. Finafinai 31 ya yi, kaɗan ne ake tunawa da su.

Har yau ina jin daɗin shirin talabijin ɗinsa na 1968. Ya fito cikin baƙaƙen kayan fata, gumi na tsiyaya, yana zaune da tsofaffin makaɗansa suna dariya, muryar nan ta dawo da ƙarfinta kamar ba ta taɓa dusashewa ba. A nan ne mutum yake ganin irin abin da aka ɓarnatar shekara da shekaru.

Ya rasu a gidansa na Graceland ranar 16 ga Agusta, 1977, yana da shekara 42, bayan magunguna sun ci ƙarfin jikinsa. Ina kira ga matasan mawaƙanmu da 'yan fim su karanta rayuwarsa da idon basira. Baiwa taka ce, kada ka miƙa linzaminta ga wanda ribar yau kaɗai yake hange.