Kuskure Iri Uku a Zangon Kumasi

A ƙidayar jama'ar Gana ta 2021, wadda aka fara yi da ƙananan kwamfutocin hannu, wani matashi ya yi aiki a unguwar Aboabo da ke Zangon Kumasi. Kurakurai uku da ya gamu da su sun isa darasi ga ɗalibin Hausa, domin kowanne da sunansa.

Na farko tangarɗa ce: intanet ta yanke, bayanan ranar suka maƙale cikin na'ura. Ya jira, ya sake turawa.

Na biyu tuntuɓen alƙalami ne. Ya buga shekarun wata tsohuwa 7 maimakon 70. Manhajar ta ƙi karɓa, saboda an tsara ta ta gane cewa 'yar shekara 7 ba ta zama magidanciya mai 'ya'ya. Nan take ya gyara.

Na uku zato ne. Ya tarar da wani dattijo yana zuba Hausa, sai ya rubuta shi Bahaushe ba tare da ya tambaya ba. Na'ura ba ta yi gardama ba. Irin wannan masana ƙididdiga suka fi tsoro, domin Hausa harshen kowa ce a Zango, kuma duk mai irin wannan zato gefe guda zai karkata. Yawan gidajen da aka ƙirga ba ya gyara shi, sai dai ya rage wata al'umma a takarda.

Bayan wata biyu, a wajen wani suna, ya ji dattijon yana gaisawa da danginsa da Zabarmanci. Lokacin kuwa an riga an rufe ƙidaya.