A Fara Zaunar Da Su

Karatu: Markus 6:35-44

Ɗan'uwa mai karatu, tun muna makarantar Lahadi aka koya mana labarin gurasa biyar da kifi biyu. Mun riƙe mu'ujizar, mun riƙe kwanduna goma sha biyu na ragowa. Amma akwai abin da Ubangiji Yesu ya yi kafin ya sa albarka, wanda ba kasafai ake wa'azi a kansa ba. Sai da ya sa almajiransa suka zaunar da jama'a a kan ciyawa, rukuni rukuni, na ɗari da na hamsin. Maza dubu biyar ne, ga yunwa, ga rana ta yi nisa. Ba wanda aka ce ya taso ya zo wurin abinci, abincin ne ya iske kowa inda yake zaune. Kowa ya ƙoshi, ba a kuwa taka ko mutum ɗaya ba.

Ka ajiye wannan kusa da labarin ƙofar Samariya, a 2 Sarakuna sura ta 7. Yunwa ta ci birnin, sai labari ya iso cewa akwai abinci a sansanin da Suriyawa suka gudu suka bari. Jama'a suka ɗunguma zuwa ƙofa, suka tattake hafsan da sarki ya sa ya tsare ta har ya mutu. Annabi Elisha ya riga ya yi masa kashedi saboda rashin bangaskiyarsa, amma dubi yadda abin ya auku: mayunwata masu yawa, albishir guda, ƙofa guda.

Har yau abubuwan nan uku ne ke haɗuwa. A Difa ta Jamhuriyar Nijar, cikin Fabrairun 2020, kimanin mutum 20 suka mutu wurin rabon tallafi ga 'yan gudun hijira, akasarinsu mata da yara. A Fatakwal, ranar 28 ga Mayu, 2022, wata ikkilisiya ta shirya rabon kyauta, mutum 31 suka rasu a turmutsutsu. Ranar 21 ga Disamba, 2024, ana saura kwana huɗu Kirsimeti, mutum 10 suka rasu a majami'ar Katolika ta Holy Trinity da ke Maitama, Abuja, wurin rabon abinci ga mabukata. Waɗanda suka shirya tarurrukan nan alheri suka nufa. Wannan ne ya sa abin ya shafe mu, domin mu ma masu kiran taro ne, mu ma masu rabo ne.

Idan irin wannan ya faru, da sauri ake cewa kwaɗayi ne da rashin haƙurin talakawa. Na daɗe ina cikin masu tsaron ƙofa a tarurrukan ikkilisiya, kuma abin da idona ya gani bai yarda da wannan hukunci ba. Na baya ba ya ganin gaba. Shi dai ya ji an motsa, sai ya matsa taki ɗaya, yana zaton an buɗe hanya. Taki ɗaya na mutum ɗari biyar, idan ya taru a kan na gaba da ke jikin ƙofar ƙarfe, nauyi ne da babu ƙirjin da zai ɗauka. Masu nazarin taro sun nuna cewa idan mutane suka wuce biyar a murabba'in mita ɗaya, wato wurin da bai kai ƙaramar tabarma ba, an shiga haɗari. Idan suka kai shida ko bakwai, ba wanda ke da iko da ƙafarsa, taron yakan yi ta tunkuɗa kamar Gulbin Zamfara da damina. Yawancin masu mutuwa numfashi ne ke gagararsu, waɗansu ma a tsaye rai ke fita, ba su iya ko ihu ba.

Mu da ke tsakanin Jega, Aliero da Maiyama mun san wannan ta wata fuska. Manomin albasa a Aliero ba ya jibga ta ba iyaka, domin ya san ta ƙasa ce ke ɗaukar nauyin ta sama, kuma idan iska ba ta ratsawa, asara ce. Duk lokacin da na taso daga Sarandosa na shiga kasuwar Jega, nakan lura cewa cikar kasuwa ba ta tsoratar da kowa muddin hanyoyi suna buɗe. Inda ake matsuwa shi ne lungun da mai shiga da mai fita da mai kura suka yi karo. A Argungu ma, dubban masunta sukan tsaya a bakin Matan Fada suna jiran alama, domin sun san za a ba da ita, kuma gaɓar tana da faɗi. Taro yakan natsu idan ya san abin da ake ciki, yana kuma da wurin motsi.

Saboda haka, idan kana cikin dattawan ikkilisiya, ko ke 'yar'uwa kina cikin shugabannin Zumuntar Mata, ku ɗauki tsari a matsayin sashe na sadakar kanta. Ku san yawan waɗanda za su zo, ku raba musu kati tun kafin ranar, kowace unguwa da lokacinta. Tsofaffi da masu ciki da naƙasassu, a kai musu har gida. Kada a bar mutane su taru tun asuba a bayan rufaffiyar ƙofa. Hanyar shiga daban, ta fita daban, kowace ƙofa kuma ta buɗe zuwa waje. Kada a jefa kuɗi ko kyauta cikin taro. A sa mutum a wuri mai tudu, a ba shi lasifika da ikon tsayar da komai, ko da ana tsakiyar wa'azi ne. Manzanni ba su ga rabon abincin gwauraye ƙaramin aiki ba, har suka sa a zaɓi mutum bakwai masu hikima dominsa. Ubangiji da kansa, a Markus sura ta 3, ya sa a ajiye masa ƙaramin jirgi a bakin teku don kada taro ya matse shi. Rigakafi ba ƙarancin bangaskiya ba ne.

Idan kuwa kai ne cikin taron, da ka ji ba ka iya ɗaga hannu ka taɓa fuskarka, lokacin fita ya yi. Ka ɗora hannuwanka a gaban ƙirji kamar ɗan dambe, don ka sami wurin numfashi. Kada ka yi kokawa da igiyar taron, ka bi ta kana zamewa gefe a hankali. Takalmi ya faɗi, bar shi. Ɗaga yaro sama. Wanda ya faɗi, kama shi ka tayar, domin inda ɗaya ya faɗi nan na bayansa ke zubewa.

Ɗan'uwa, wanda ya kira taro ya karɓi amanar rayuka. Gwauruwar da ta fito neman mudun shinkafa, yaranta suna jiran dawowarta fiye da shinkafar. Kafin ka miƙa hannu da kyauta, ka yi koyi da Ubangijinka, ka fara zaunar da su.

Addu'a: Ya Uba, kai da ka san kowannenmu da sunansa a cikin taro, ka ba mu hikimar tsara alherin da ka sa a hannunmu. Ka ta'azantar da iyalan da suka rasa nasu a ƙofar rabo. Ka sa duk wanda ya zo wurinmu ya koma gida lafiya. Cikin sunan Yesu Almasihu, amin.