Yawon ƙafa a tsibirin Ikko, da rabin labarin da ya rage a gida

Rubutun nan yana da tsawo, ina roƙon a daure a kai ƙarshensa kafin a yanke mini hukunci.

Da wuya ka shiga unguwa a Kazaure, ko Roni, ko Gwiwa, ko ka tsallaka Babura, ba ka tarar da gidan da ke da ɗa a Ikko ba. Wani yana bin tirelar shanu, wani yana sauke tumatir da albasa a Mile 12, wani canji, wani gadi, wani yana tura baro a Idumota. Mun san garin ta fuskar neman abinci. Amma tsibirin nan da ruwa ya kewaye, inda asalin garin yake, yana da tarihin da ya shafe mu kai tsaye, kuma kaɗan ne daga cikinmu suka taɓa jin sa.

Akwai matasa 'yan garin da suka mai da nuna wannan tarihi sana'a. Sukan tara baƙi su bi da su lungu-lungu da ƙafa, suna tsayawa gaban tsofaffin gine-gine suna faɗin abin da ya faru a wurin, har da wanda ba daɗin ji. Na bi irin wannan zagaye, kuma abin da ya tsaya mini a rai shi ne yadda sunan Hausawa ke ta faɗowa a bakin ɗan jagora, alhali ni ban taɓa jin labarin a makaranta ko a zaure ba.

Ana farawa ne daga Isale Eko, wajen fadar Oba da suke kira Iga Idunganran. Tun wajen 1760 Oba Akinsemoyin ya buɗe wa fataken Fotugal ƙofa. Suna kawo tabar Bahia da barasa da yadi da bindigogi, suna ɗaukar mutane. Da Ingila ta haramta wa 'yan ƙasarta fataucin bayi a 1807, cinikin bai mutu ba. A Ikko ma bunƙasa ya yi, har ta zama babbar tashar fitar da bayi a duk wannan gaɓar, domin tafkin da ke bayanta ya haɗa ta da kasuwannin cikin ƙasa, kwale-kwale na kawo mutane ba tare da jiragen sintirin Ingila sun gani ba. Ku dubi shekarun da kyau. Jihadi ya fara a 1804, ƙasar Hausa ta shiga yaƙi gari da gari, sannan daular Oyo ta soma rushewa. Duk yaƙi yana haifar da kamammu. Wanda aka kama a Gobir ko Katsina ko Kano sai ya bi hannu-hannu ta Nufe, ta ƙasar Yarbawa, har ya tsinci kansa a bakin ruwan da bai taɓa ganin irinsa ba. A cikinsu akwai mahaddata, akwai masu salla da azumi.

Ba ni na ƙirƙiro wannan ba, takardun Barazil ne suka adana shi. A Bahia, inda jiragen Ikko suka fi sauke mutane, hukuma ta gano shirin tawayen bayi Hausawa a 1807 tun kafin su tashi. A 1809 da 1814 kuwa sun tashi. Sai babban tawayen Musulmi a birnin Salvador, a daren 24 ga Janairu 1835 zuwa wayewar gari, cikin kwanakin ƙarshe na Ramadan. Yawancin waɗanda suka fito a wannan karon Yarbawa ne, da Hausawa da Nufawa a cikinsu. Sun fito da fararen riguna, da layu a wuya. An murƙushe su cikin sa'o'i, an kashe da dama, wasu aka yi musu bulala, wasu aka kore su daga ƙasar. Takardun da aka samu a jikinsu da ɗakunansu, masu ɗauke da ayoyi da addu'o'i da rubutun allo irin namu, suna nan ajiye a Bahia. Duk lokacin da na tuna cewa wani da ya yi karatun allo a irin tsangayar da muka yi ya ƙare rayuwarsa yana saran rake a wata duniya, ba wanda ya san inda kabarinsa yake, sai jikina ya yi sanyi.

Wasu sun dawo. Unguwar da ake kira Popo Aguda, wajen dandalin Campos, 'yantattun da suka komo daga Barazil ne suka kafa ta, suka zo da sana'ar gini da sassaƙa. Ɗaya daga cikinsu ne ya gina masallacin Shitta-Bey da ke titin Martins, wanda aka buɗe a 1894, da kuɗin attajiri Muhammadu Shitta, shi ma ɗan 'yantattun bayi da aka haifa a Saliyo. Wani tsohon gidan irin wannan gini, Ilojo Bar, da gwamnati ta sa cikin kayan tarihin ƙasa tun 1956, an wayi gari an rushe shi a Satumba 2016. Su ma can suna asarar tarihinsu.

A dandalin Tinubu ɗan jagora bai ɓoye komai ba. Ya ce matar da aka sa wa wurin sunanta, Efunroye Tinubu, ƙasaitacciyar 'yar kasuwa ce mai faɗa a ji a fada, kuma ta yi cinikin bayi. Duka biyun ya faɗa, a gaban baƙi, ba tare da murya ta rawa ba. Haka ya ba da labarin Oba Kosoko, wanda jiragen yaƙin Ingila suka yi wa ruwan igwa a Disamba 1851 suka maido da Akitoye, shi kuma ya sa hannu kan hana fitar da bayi a ranar 1 ga Janairu 1852. Bai mai da Turawa waliyyai ba, domin shekara goma ba ta cika ba suka karɓe tsibirin ɗungurungum daga hannun Oba Dosunmu, a watan Agusta 1861. Kurkukun da suka gina a titin Broad, inda aka tsare irin su Herbert Macaulay da Michael Imoudu, shi ne aka mai da wurin shaƙatawa na Freedom Park a 2010, aka bar alamun ɗakunan fursuna don mai zuwa ya gani.

Inda labarin ya juyo ya fuskanci Arewa shi ne 1863. A shekarar ne wani hafsan ruwa na Ingila, John Glover, ya tara Hausawa a Ikko, akasarinsu bayin da suka gudo daga iyayen gijinsu na ƙasar Yarbawa, ya ba su bindiga da kaki. Rundunar sojan Najeriya har gobe daga wannan shekarar take ƙirga haihuwarta. Irin waɗannan dakaru, da na Kamfanin Neja, da waɗanda Lugga ya ɗiba daga baya, su ne suka zama rundunar Turawa ta Afirka ta Yamma. Ranar 3 ga Fabrairu 1903, da aka fasa ganuwar Kano, Turawan da ke wurin 'yan kaɗan ne. Masu riƙe da bindigogin baƙaƙen fata ne, da yawansu da Hausa suke magana. Ban ce kowannensu tsohon bawa ne ba, amma ƙasar da ta riƙa sayar da 'ya'yanta ta tanadar wa baƙo sojan da zai ci ta da shi. Idan muna ba yara labarin zuwan Turawa, Sarki Alu da Kwatarkwashi da Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi, wannan gefen ma yana cikin labarin.

To, a nan zagayen Ikko ya ƙare, a bakin ruwa. Amma waɗanda aka loda a jiragen nan daga wani wuri suka fito, kuma mafi yawan bayin ƙasar Hausa ba su ma taɓa ganin teku ba. A nan suka zauna, ko aka keta Sahara da su ta Agadas zuwa Tarabulus. Wani Bature matafiyi, Clapperton, da ya zo Kano a 1824, ya bayyana rumfuna biyu dogaye a kasuwa, ɗaya ta maza ɗaya ta mata, inda ake jera bayi mai saye yana duba haƙora da gaɓoɓi. Wani Baturen kuma, Barth, a 1851, ya ƙiyasta cewa ana fitar da bayi kimanin 5,000 daga Kano a shekara. Dukkanmu mun sha shiga Kurmi sayen turare da takalmi da kayan doki. Wa ya taɓa tsayar da mu ya ce a kasuwar nan aka raba uwa da ɗanta? Rinji da gandu a Fanisau da kewayen birni, su wa suka nome su? Masana tarihi Lovejoy da Hogendorn sun ƙiyasta bayin da ke daular Sakkwato lokacin zuwan Turawa tsakanin miliyan 1 da miliyan 2.5.

Mu a wannan yanki muna kan iyaka ne, tsakanin Kano da Katsina da Daura da Damagaram, kuma mai zama kan iyaka shi ke fara jin ƙarar kofato. Masarautarmu kanta cikin yaƙi aka haife ta. Ɗantunku, wanda ya kafa ta, ya shafe shekaru yana gwabzawa da Sarkin Kano Ibrahim Dabo daga 1819, kafin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya raba gardama ya tabbatar wa Kazaure matsayinta. Muna alfahari da wannan, kuma ya dace. Amma ƙauyukan da dawakin ɓangarorin biyu suka bi ta kansu akwai mata da yara a ciki. Daga baya hare-haren Damagaram suka riƙa saukowa, har kusa da Kano a ƙarshen ƙarni na 19. Duwatsun nan da muke hawa muna ɗaukar hoto, sun taɓa zama wurin tsira. Dorugu, yaron da aka kama a ƙasar Damagaram, nan arewa da mu kaɗan, aka sayar a Barno, aka 'yanta shi, ya bi Barth har Ingila a 1855, ya ba da labarin rayuwarsa da Hausa aka rubuta. Ya rasu a Kano a 1912 yana koyarwa a makarantar Ɗan Hausa. Ɗalibai nawa ne a Jigawa suka san sunansa?

Na san abin da wasu za su rubuto a ƙasa. Za su ce bautar ƙasar Hausa ba irin ta Amurka ba ce. Akwai gaskiya a ciki. Bawa yana iya yin murgu ya tara kuɗin fansar kansa. 'Yanta bawa ibada ce kuma kaffara ce. Ƙwarƙwarar da ta haihu ɗanta ɗa ne, har ya gaji sarauta. Bayin sarki irin su Shamaki da Ɗanrimi da Sallama a Kano sun riƙe ikon da 'ya'ya da yawa ba su samu ba. Duk na yarda. Sai dai yarinyar da aka ɗauke daga bakin rijiya ba Shamaki za ta zama ba, kuma uwarta ba ta sake ganin ta ba. Malamanmu ma ba su yi shiru ba. Tun 1615 Ahmad Baba na Timbuktu ya rubuta fatawa cewa mutanen Kano da Katsina da Barno Musulmi ne, bai halatta a bautar da su ba, kuma bautar da 'ya'ya Musulmi na cikin abubuwan da jagororin jihadi suka yi kuka da shi a kan sarakunan Haɓe. Wanda ya faɗi wannan tarihi bai ci mutuncin addini ba, malamai sun riga shi faɗa.

Dokar Lugga ta ce duk yaron da aka haifa bayan ƙarshen Maris 1901 ɗa ne, amma sai a 1936 aka soke bauta gaba ɗaya a Arewa. Kakanninmu sun rayu da waɗanda abin ya shafa, sun ci abinci da su. A Nijar kuwa, a 2008 ne kotun ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma ta ba Hadijatou Mani gaskiya a kan gwamnatin ƙasarta saboda ta kasa kare ta daga bauta. A wurinmu abin ya koma raɗa. Ba a koyar da shi a aji, amma ranar da aka zo binciken asali kafin aure sai ka ji wata tsohuwa ta sassauta murya, magana ta lalace, yaran ba su san dalili ba. Shirunmu bai kare kowa ba, gori kawai ya bar wa masu gori. Na kuma fahimci tsoron masu cewa a bar kaza cikin gashinta, domin garuruwanmu ƙanana ne, kowa ya san gidan kowa.

Shi ya sa abin da nake nema bai shafi sunan gidan kowa ba. Ɗan jagoran Ikko bai nuna wani mai wucewa ya ce ga jikan bawa ba. Wurare ya nuna, da shekaru, da yadda cinikin ya gudana, da waɗanda suka ci ribarsa. Za mu iya haka. Malaman tarihi na sakandarenmu su fita da ɗalibai da ƙafa, su bi sawun ganuwa da tsofaffin ƙofofi da tsohuwar kasuwa, su hau dutse a nuna musu ta inda mahara ke ɓullowa. Ɗaliban kwalejin kimiyya da fasaha ta Hussaini Adamu, da kowannensu ke da waya a aljihu, su zauna da tsofaffin ƙauyukan Roni da Gwiwa da 'Yankwashi da Babura su naɗi abin da suka ji daga bakin kakanninsu, da izininsu, a sakaya sunan duk wanda ya nemi a sakaya. Rahotannin da jami'an mulkin mallaka suka rubuta kan gundumomin lardin Kano suna ma'ajiyar takardun tarihi ta ƙasa a Kaduna, ga kuma Gidan Arewa, ga Gidan Ɗan Hausa a Kano. Ina roƙon masarauta da iyayenmu hakimai su sa albarka, domin in ba su buɗe ƙofa ba, dattijo ba zai buɗe baki ba.

Wanda yake da tsoho ko tsohuwa a gida da ya haura tamanin, don Allah ya fara da su a wannan makon. Ya tambaye su me aka gaya musu game da zamanin hari, ina mutanen garin ke gudu, wa aka kama, wa aka fanso, wa bai dawo ba. Malamin makarantar da ke son mu tsara zagayen farko a cikin garin Kazaure ya yi mini magana ta akwatin saƙo.