Wa Zai Ɗauki Fim Ɗin Regen Acca?

Ranar bikin Nzem Berom a Jos, ko Pusdung na Angasawa a Pankshin, masu kyamara kan yi ta rububin makaɗa da 'yan rawa, kowa na neman inda zai tsaya. Da taro ya watse sai a kwashe kaya. Washegari matar da ta cashe jiya tana bakin turmi, ba wanda ya biyo ta gida.

Alhali a bakin turmin nan ake aikin da ya fi cancantar a adana. Ɗauki acca, abincin mutanen Filato tun kaka da kakanni. Ƙwayarta ba ta fi ta yashi girma da yawa ba. Kafin ta zama gwate ko kunu, sai an yanke ta da lauje, an sussuke, an sheƙe, an surfa. Sannan a zo ga rege: ƙwarya biyu da ruwa, hannu na juyawa sannu a hankali, acca na gangarawa, yashi na kwantawa a ƙasa. Wadda ta ƙware za ta rege mudu guda, a ci tuwon ba a tauna tsakuwa ko ɗaya ba. Da ido ake koyon wannan, 'ya na tsugune gefen uwa. Yanzu injin surfe ya shigo, ana sayar da wankakkiyar acca a leda. Sauƙi ne ga mata, madalla, amma masu gwanintar suna ta raguwa.

Garin Jos kuwa ba baƙon fim ba ne. Nan ne mazaunin Hukumar Fina-finai ta Najeriya da aka kafa a 1979, da makarantar koyon fim, da ma'adanar tsofaffin fina-finai ta ƙasa. A ma'ajiyar Hukumar aka gano faya-fayen fim ɗin Shaihu Umar, wanda Adamu Halilu ya shirya a 1976, aka gyara shi a Jamus, aka nuna a Berlin a 2018. Abin da aka ɗauka ya iya jiran shekara arba'in. Wanda ba a ɗauka ba, yana bin mai shi kabari.

Ɗaukar irin wannan aiki kuwa sai an zauna da masu shi. A Japan, mai shirya fim Ogawa Shinsuke da abokan aikinsa sun tare a ƙauyen Magino na lardin Yamagata, suka yi fiye da shekara goma suna noman shinkafa tare da mutanen gari, suna ɗaukar fim. Zaman nan ne ya sa manoma suka saki jiki da su.

Ɗaliban fim na Jos ba sai sun kai haka ba. Riyom da Barikin Ladi suna nan kusa. Ɗalibi ya zaɓi gida ɗaya, ya nemi izinin masu shi, ya riƙa zuwa daga shuka har girbi, ya bar tsohuwa ta yi bayani da harshenta. In ya gama, ya koma ya nuna musu, domin su ne masu abin.